Wa Ya Kwance Gadar Haske?

Gadar hasken Layin Kwari ta mutu da safiyar Laraba, Mama Rebecca mai biredi tana tsakiyarta da tire a ka. Waɗanda suka gani sun ce babu ƙara, babu girgiza. Alwatika ɗaya ce ta dushe ta ɓangaren titi, ta kusa da ita ta bi sahu, sai ga tsohuwa a ƙasan kwari da karyayyiyar ƙafa, biredinta yana bin ruwa.

Wanda bai san ginin haske ba zai ce tatsuniya ce, amma a kudancin garin Kaduna yanzu har yara sun san yadda abin yake. Magini yakan kafa turakun ƙarfe, ya ɗaura wa kowanne madubi mai kusurwa uku. Madubi ya sha rana ya miƙa wa ɗan'uwansa, haske ya yi ta kai da komo har ya daskare ya zama sanda. Sanda uku alwatika ɗaya, alwatika ta riƙe alwatika, har a sami abin da mutum zai taka ya haye. Illar abin ɗaya ce, in madubi guda ya makance duk ginin ya tafi.

Somadina ne ya gina wannan gada. A nan Kakuri aka binne cibiyarsa, a garejin ubansa ya fara riƙe sifana, ya je ya karanto ilimin haske ya dawo ya buɗe shago a bakin kwarin da kan raba unguwar biyu duk damina. Tun farkon ruwan bana mutane suke hawa gadarsa suna sa masa albarka. Da aka fito da Mama Rebecca, wani ya ɗaga kai ya ga babu madubi a turken bakin titi, albarka ta ƙare nan take.

Baba George, ciyaman na kwamitin unguwa, shi ya tuna wa jama'a abin da suka manta. Ranar Asabar wani babban ɗan siyasa zai zo buɗe gadar, kuma kwamiti ya ƙi sa sunan magini a allon buɗewa. Somadina ya fusata, ya faɗa a gaban kowa cewa abin da ya ɗaure shi kaɗai ya san kwancensa. To me kuma ake nema? Kafin azahar an farfasa masa tagogi, an watso kayan shagonsa waje, an ba shi zuwa faɗuwar ranar Alhamis ya kwashe iyalinsa ya bar unguwar da aka haife shi.

* * *

Matarsa Nkiruka ba ta tsaya kuka ba. Keke ta hau zuwa Unguwar Mu'azu ta ɗauko Hafsat Mai Sawu.

Hafsat ta gaji bin sawu wurin ubanta, wanda ya yi suna wajen bin shanun sata a dazukan Rido. Da shanu suka yi wa birni nisa, ita sai ta koma bin janareto da babura da awakin layi. Doguwa ce, ga takalmin ruwa a ƙarƙashin hijabi, ga baki kamar reza, kuma tunda take ba ta taɓa yarda da abin da taro ya yarda da shi ba sai ta duba ƙasa da idonta.

Samari suka tare ta a bakin kwari. Babbansu ya ce, "Hajiya, nan ba unguwarku ba ce. Kes ɗin nan ya mutu."

"To matsa in ga gawarsa," in ji Hafsat. "Kuma ɗauke ƙafarka, a kan shaidata kake tsaye."

Ya ɗauke, bai san lokacin da ya ɗauke ba.

Wurin ya sha taku kamar kasuwar shanu, amma gindin turken bakin titi bai lalace duka ba. Ta tsuguna ta ga inda ƙafafun tsani suka nutse a laka sau biyu, ga sawun wata ƙafa mai faɗi a gefensu. Ramin farko ruwan asuba ya cika shi ya cinye bakinsa, na biyu kuwa sabo ne fil, bayan ruwa aka yi shi. Ta ɗaga kai ta ga igiya ɗaure a saman turken tana lilo, babu abin da take riƙe da shi. Ta yi ɗage ta taɓa bakin igiyar, a bushe take. Notikan da suka riƙe madubin duk filaya ta ciccije su.

Turakun kuwa an shafa musu farar ƙasa zuwa ƙirji, kamar yadda muka saba. In babban baƙo zai zo, ko bishiyar mangwaro sai an sa mata farin wando. Wannan turken ne kaɗai farin ya kai har kansa, ya kuma tsiyayo ƙasa layi-layi. Hafsat ta daɗe tana kallonsa.

* * *

Ta tarar da Somadina zaune a kan akwati cikin fasassun gilasai, hannuwa harɗe a ƙirji. Bai ɗaure kaya ko ɗaya ba.

"Ba inda za ni, Anti," ya ce tun kafin ta zauna. "Su zo su ɗauke ni da akwatin."

"Za su ɗauke ka kuwa, kar ka yi shakka. Ka faɗi maganar nan da ake cewa ka faɗa?"

"Na faɗa, kuma gobe ma zan faɗa. Amma ni zan kwance madubina da filaya? Sai ka ce ɓarawon batir." Ya zaro wani ɗan makulli mai baki uku daga aljihu ya nuna mata. "Da wannan nake kwancewa, ko ƙwarzane ba ya bari."

"Za su ce da gangan ka yi don ka ɓad da sawu. Ina kake da safen?"

"A gida, ina barci. Shaidata matata ce, su kuma sun ce shaidar mata ba shaida ba ce."

"Wa ya ce a yi wa turakun fenti?"

Somadina ya ja tsaki. "Na hana, na sake hanawa. Ciyaman ya ce ba za a tarbi babban mutum da ƙarfe tsirara ba. Daga ƙarshe na ce to kar ya wuce ƙirji, ko ɗigo kar ya kusanci madubi. Tun ranar Litinin ban sake leƙa wurin ba don haushi."

Nkiruka tana tattara tsummoki a gefe. Hafsat ta lura da wani zanin atamfa mai kyau a cikinsu, tsakiyarsa ta koɗe fari fat, siffar alwatika kamar an yanka da almakashi.

"Me ya sami wannan?"

"Tambayi mijina," in ji Nkiruka, duk da halin da ake ciki sai da ta harare shi. "Zanin cocina ne, ya naɗe madubi da shi. Madubin da ya sha rana in ka cire shi haske yake ta ɗiga, duk abin da ka rufe shi da shi sai ya cinye launin. Har yau bai saya mini wani ba."

Hafsat ta juya zanin gaba da baya, ta ninke shi ta sa a jakarta.

* * *

A unguwa irin wannan ba a rasa mai raɗa. Kafin la'asar mutum uku sun ja ta gefe sun ce in ba Somadina ba ne to Jamilu mai Keke ne. Kafin gada, shi ke kwasar mutane ya zagaya da su ta babban titi, gada kuwa ta kashe masa kasuwa, kuma an ji shi yana tsine mata.

Ta same shi a tasha yana wanke Kekensa. Bai ɓoye komai ba.

"Wallahi Hajiya na tsine mata, safe da yamma. Da na ji ta faɗi ma sai da raina ya yi sanyi, kafin in ji an ce Mama ta karye. Amma ni tun asuba ina hanyar Kamazou da buhunan gawayi. Dubi tayata."

Ta riga ta duba. Jar lakar da ke maƙale a tayoyin ba ta Kakuri ba ce, ga baƙin gawayi a kujerar baya. Ta sa ya cire takalmi ta auna shi da ido, ta ga ƙafar da ta hau tsanin nan ta fi tasa faɗi da nauyi.

"Kai dai bakinka ne zai kashe ka," ta ce masa.

"Ai gara bakina ya kashe ni da a kashe wani a kan abin da bai yi ba," in ji Jamilu. "Oga Soma ya cuce ni, amma ba mugu ba ne."

* * *

Da safiyar Alhamis ta je wurin Tony mai fenti, wanda shi ya shafa wa turakun farar ƙasa. Ta tarar da shi durƙushe a kan wani dogon ƙyalle yana gyara hancin hoton babban baƙo.

"Gada ta mutu, amma tarba tana nan?" ta tambaye shi.

"Madam, Ciyaman ya ce baƙo zai zo jaje. An kama kanofi, an gaya wa masu kiɗa, wa zai fasa?"

"Kai ka kai farin nan har kan turken bakin titi?"

Tony ya ajiye buroshi ya dafa ƙirji. "Ni a nan na tsaya, duka turakun. Oga Soma ya ja mini kunne, ni kuma ba na son wahala. Ranar Talata da yamma na bar bokiti da tsani a wurin na tafi cin abinci, shi ke nan abin da na sani."

Idonsa yana ƙasa yana maganar. Hafsat ta san idon wanda ya ga abu yana tsoron faɗa, ta kuma san matsa masa ba zai haifar da komai ba. Sai ta koma kan ƙyallen.

"Sai yau kake yin ƙyallen maraba, biki jibi?"

"Wannan na biyu ne. Na farko tun Talata na ba Ciyaman, ya ce shi da kansa zai ɗaura da safe. Jiya ya dawo ya ce ruwa ya lalata shi, in yi wani sharp sharp." Ya sosa ƙeya. "Ni dai fentina ruwa ba ya lalata shi. Amma babba ya faɗa."

"Babba ya faɗa," in ji Hafsat. Ranta ya ɓaci ƙwarai, don ta fara ganin inda sawun ya nufa, kuma ta san ba a kama irin wannan dabba da igiyar akuya.

* * *

Baba George ya karɓe ta a ƙarƙashin mangwaron gidansa, inda kwamiti kan zauna. Dattijo ne mai jiki, tsohon ma'aikacin masaƙa, mutumin da ya yi shekaru yana raba faɗa a unguwa, ya saba in ya yi magana a ce haka ne. Ya sa aka kawo mata lemo.

"Baba Ciyaman, ina kake lokacin da gadar ta faɗi?"

"A gida. Hayaniya na ji na fito."

"Ƙyallen farko fa?"

"Ruwa ya ɓata shi, na yar." Ya gyara zama. "'Yata, ki ji maganar babba. Unguwar nan mun sha wuya kafin mu zauna lafiya. Jama'a sun sami wanda suka ɗora wa laifi, zuciya ta kwanta. Yaron nan yana da sana'a, ko'ina ya je zai ci abinci. Kar ki tono abin da zai fi ƙarfinki."

"Zaman lafiyar da sai an kori mara laifi kafin a same shi, ni ban iya shi ba, Baba."

"Da la'asar za mu taru a nan a ƙarasa magana. In kin zo da rashin kunya samari za su raka ki titi."

"Ina zuwa. Ka ce su sa takalmi mai kyau."

Ta miƙe ba ta taɓa lemon ba. A hanyar fita ta bi ta gefen ɗakin girki, inda matarsa Mama Debby ta shanya jan barkono a rana. Shimfiɗar da ke ƙarƙashin barkonon ta ɗan leƙo ta gefe, da manyan haruffa shuɗɗa, BARKA DA. Hafsat ta gaishe da Mama Debby, ta yaba kyan barkonon, ta wuce.

* * *

Da la'asar gidan ya cika har waje. Wani mai azarɓaɓi ya riga ya kawo motar kwasar kaya ya ajiye a ƙofar shagon Somadina. Shi kuwa ya zo ya tsaya a tsakiyar fili, Nkiruka a gefensa, ba wanda ya ba su kujera. Jamilu da Tony suna jingine da katanga. Har Mama Rebecca an kawo ta a kujera da ɗaurin ƙafarta, don a nuna wa jama'a abin da aka yi mata.

Baba George ya fara jawabi, Hafsat ta katse shi. Aka yi ca a kanta, ta bar su suka gaji don kansu.

"An bar jaki ana dukan taiki," ta ce. "Ba cire madubi ne ya kashe gadar nan ba. Gada ta riga ta mutu kafin a cire shi. Ranar Talata da yamma wani ya hau tsanin Tony ya shafa farar ƙasa har kan turken bakin titi, don shi ne zai fito a hoto. Da asuba ruwa ya wanko farin ya rufe fuskar madubi. Rana ta fito, madubi bai gan ta ba."

"Ina shaida?" wani ya tambaya daga baya.

"Bayan ruwa ya ɗauke, mutumin ya dawo ya sake hawa tsani zai ɗaura ƙyallen maraba. Igiyarsa tana can a bushe. Yana sama gadar ta faɗi, ya ga abin da hannunsa ya jawo. Kuna cikin kwari kuna ciro Mama, shi yana fama da filaya. Ya naɗe madubin a abin da ke hannunsa ya tafi."

"Tatsuniya," in ji Baba George, amma muryar ba tasa ba ce.

Hafsat ta zaro zanin Nkiruka ta ware shi, kowa ya ga farar alwatikar. Ta bayyana musu abin da madubin da ya sha rana yake yi wa tufa. Sannan ta taka zuwa gefen ɗakin girki.

"Mama, ki yi haƙuri da barkononki."

Ta kama bakin shimfiɗar ta ɗaga, barkono ya gangara gefe. Ƙyallen maraba ne, rubutunsa garau, ruwa bai yi masa komai ba. Ga hular babban baƙo, ga babbar rigarsa, amma inda fuskarsa take babu komai sai farar alwatika.

Barkonon ya sa wasu atishawa.

Mama Debby ta fito da ludayi a hannu, ba ta san abin da ake ciki ba. "A bayan sito na tsince shi jiya, an naɗe wani gilashi da shi," ta ce. "Na ga ƙyalle mai ƙwari haka, ai ba a yar da shi. Gilashin yana nan na jingine shi." Sai ta dubi fuskar mijinta, ludayin ya sauka a hankali.

Jamilu ne ya shiga ya fito da madubin. Farar ƙasa ta bushe a fuskarsa layi-layi.

"Na ga Ciyaman a kan tsani da buroshi," in ji Tony, yanzu da magana ta yi arha. "Tsoro na ji."

Baba George ya koma ya zauna. Ya ce shi gyara ya yi niyya. Ya ce kunya ce ta kama shi, da ya ga jama'a sun nufi wani wuri sai ya bar su suka tafi. Ya dubi Hafsat ya ce a rufa wa juna asiri, a bar maganar a cikin gida.

"Da za a kori yaron nan a titi aka yi," ta ce. "Wanke shi ma a titi za a yi."

* * *

Waɗanda suka watso kayan shago su suka mayar da su, Nkiruka tana tsaye tana nuna wa kowa inda zai ajiye. Kwamiti ya ɗora wa Baba George jinyar Mama Rebecca, ya kuma sauka daga kujerarsa. Sai aka zo ana lallashin Somadina ya tayar da gada kafin baƙo ya iso.

"Baƙo ya zagaya ta titi, Jamilu yana nan," ya ce. "Sai ya tafi zan tayar da ita, saboda yara 'yan makaranta. Kuma da sharaɗi."

Ranar Lahadi bayan an taso daga coci ya goge madubin ya mayar da shi. Sandunan haske suka miƙe ɗaya bayan ɗaya, alwatika ta kama alwatika har suka taɓa wancan bakin. An kwana ana ruwa, kwarin ya cika yana ruri a ƙasa, kuma ta cikin gadar ana ganin komai.

Jama'a suka dare, aka bar Baba George shi kaɗai a gaba, don sharaɗin ke nan, shi zai fara hawa. Somadina bai sauko daga kan tsani ba. Yana zaune a sama kusa da madubin, makullinsa mai baki uku yana kan noti.

Dattijon ya dubi ruwan, ya ɗaga kai ya dubi hannun da ke riƙe da makullin.

"Ɗana," ya ce, "za ta riƙe ni?"

Hafsat tana gefe ta harɗe hannu, ba ta ji tausayinsa ba ko kaɗan, kuma ba ta ɓoye ba.

"Taka, Baba," in ji Somadina. "Kai kaɗai ne a unguwar nan ka san tun farko cewa ban taɓa kwance ta ba."

Baba George ya cire takalmansa ya riƙe a hannu, ya ɗora ƙafa a kan hasken.